Fiya Baƙuwa Ce, Gyaɗa 'Yar Gida

 

A taron ƙungiyarmu na watan jiya, bayan an yi addu'ar buɗewa, wata uwa daga zumuntar mata ta ajiye burodi a kan tebur, da wani abu kore a cikin kwano. Ta ce wannan botar fiya ce, a wayar ɗanta ta ga yadda ake yi. Kowa ya gutsuri burodi ya shafa. Gaskiya abin ya yi daɗi, har wani dattijo ya side kwanon da yatsa, aka yi ta dariya.

Ba a gama dariyar ba sai wani saurayi ya miƙe. Ya ce tun da fiya tana da daɗi haka, kuma tana tsada a birni, me zai hana a ɗebi kuɗin asusun ƙungiya a sayo dashenta daga Jos, a cika gonar ikilisiya da ita? Mutane da yawa suka ɗaga hannu. Ni kuwa na roƙi shugaba a dakata sai taro na gaba. Waɗansu sun ji haushina, na sani. Shi ya sa na ga ya kamata in rubuta dalilina a fili, domin kuɗin nan gumin mutane ne, har da na gwauraye da suke zuba nasu da ƙyar.

Da fari dai, ba ni da faɗa da botar fiya. Ina ma so kowace uwa ta iya yinta. Ga yadda ake yi. A sami fiya biyu nunannu. Ana gane nunanniya in an danna ta a hankali kusa da wuyanta aka ji ta ɗan lotsa. In ɗanya aka sayo, kada a damu, gama fiya ba ta nuna a kan itace, sai an tsinke ta. A sa ta cikin takarda tare da ayaba, kwana kaɗan za ta yi laushi. A wanke hannu, a wanke fiyar, a raba ta biyu, a cire ƙwallon, a kwashe naman da cokali. A dama shi cikin kwano mai tsabta har ya yi sumul. A matsa rabin lemun tsami, a sa gishiri kaɗan. Mai so yana iya ƙara cokali ɗaya na man gyaɗa ko soyayyen man shanu. Shi ke nan. Amfanin lemun tsami shi ne yana hana ta saurin yin baƙi in iska ta taɓa ta. Kada a ɗora ta a wuta, za ta yi ɗaci. Kuma tilas ne a cinye ta a ranar. Masu firiji suna iya ajiye ta kwana ɗaya ko biyu, amma mu nan wa yake da wutar da za ta riƙe firiji?

Wajen kashi 15 cikin ɗari na naman fiya mai ne, kuma mai ne mai kyau ga jiki. Lokacin da ta yi araha a kasuwa, daga bazara zuwa tsakiyar damina, gara a saya wa yara ita da a kai kuɗin ga botar gwangwani. Har nan bakinmu ɗaya da mai shawarar.

Inda muka rabu shi ne wajen shuka. Cin abu daban, nomansa daban. Asalin fiya daga ƙasar Meziko ne da ƙasashen da ke maƙwabtaka da ita, kuma har yau Meziko ce ta fi kowace ƙasa nomanta. A Nijeriya tana jin daɗin wurare masu sanyi ko masu dogon ruwa, kamar tsaunukan Filato, da Mambila, da kudancin Kaduna wajen Kagoro da Kafancan. A can na yi kwalejin horon malamai, na ga itatuwanta a bayan gidaje ba wanda yake ba su ruwa. Da na dawo gida sai na ce ni ma zan yi. Na dasa uku. Biyu suka mutu a watan Maris na shekara ta biyu, sa'ad da rijiyarmu ta ja baya. Ta ukun tana nan kusa da makwararar ruwan wanka. Tana yin fure, iska mai zafi tana kakkaɓe shi. Har yau ban ci 'ya'yanta ba.

Dalilin ba boyayye ba ne. Saiwar fiya ba ta nisa cikin ƙasa, a sama-sama take, saboda haka ba ta jure fari. Mu kuwa ruwanmu yakan fara a watan Mayu ya ɗauke a farkon Oktoba, sauran watannin duka rani ne. Wa zai riƙa jan ruwa yana ba itatuwa ɗari har wata shida ko bakwai, a lokacin da mata suke layi a bakin rijiya? Wani zai ce a kai ta fadama. To, fiya ba ta son ruwa ya kwanta mata a gindi, saiwarta ruɓewa take yi, fadamunmu kuwa a watan Agusta kowa ya san yadda suke. Ga kuma jira. Dashe mai aure yakan yi shekara 3 zuwa 4 kafin ya fara 'ya'ya. Wanda aka shuka daga ƙwallo yana iya kai shekara 5 zuwa 10 ko fiye, kuma ba tabbas 'ya'yansa su yi kama da na uwar. Akwai wani abu kuma da masu kiwo za su lura da shi: ganyen fiya da ɓawonta suna da dafi ga awaki, da dawakai, da zomaye, da tsuntsaye. Akuya mai shayarwa in ta ci, hantsarta takan kumbura, nono ya ragu. A garin da ake sakin dabbobi da rani, wannan ba ƙaramar magana ba ce.

Ubangijinmu ya koya mana cewa mai shirin gini ya kamata ya fara zama ya yi lissafi. Na yi nawa lissafin, kuma ga inda ya kai ni: abin shafa wa burodi da ya fi dacewa da mu yana cikin rumbunanmu tun tuni, watau gyaɗa.

Ku gwada su ku gani. A cikin gyaɗa kusan rabi mai ne, kashi 25 cikin ɗari kuwa abin gina jiki ne. A cikin fiya abin gina jiki bai wuce kashi 2 ba, yawancinta ruwa ne. Yaron da yake girma abin gina jiki yake bukata. Fiya kwana kaɗan take yi bayan ta nuna, gyaɗa kuwa in ta bushe sarai tana kai wata da watanni a cikin ɓawonta. Gyaɗa wata uku zuwa huɗu take yi a gona, tana ƙara wa ƙasa ƙarfi domin hatsin baɗi, ta kuma bar mana harawa ta dabbobi. Ita ma asalinta daga Amurka ta Kudu aka kawo ta, shekaru ɗaruruwa da suka wuce, amma ƙasarmu ta gwada ta, ta karɓe ta. Da ita aka yi dalar gyaɗa a Kano.

Na san abin da dattawa za su ce. Za su tuna shekarar 1975, da cutar kuturtar gyaɗa, wadda ƙwarin darɓa suke yaɗawa, ta cinye gonaki a Arewa, manoma da yawa suka bar nomanta. Gaskiya ne. Amma Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru, nan kusa da mu a Zariya, ta fitar da iri masu jure wannan cuta. Ɗaya daga cikinsu shi ne Samnut 24, wanda aka fitar a shekarar 2011, yana nuna cikin wajen kwana 90.

Yin botar gyaɗa ba sabon abu ba ne ga matanmu, rabin aikin ƙuli-ƙuli ne. A ɓare gyaɗa, a soya ta har ta yi ja, a murje, a fece, a kai injin markaɗe. Bambancin kawai shi ne ba za a matse man ba. In an matse ta zama tunkuza, in an bar man a ciki ita ce botar. A sa gishiri kaɗan, mai so ya ƙara zuma ko garin mazarƙwaila irin ta Maƙarfi. A zuba cikin kwalba busasshiya mai murfi. Kada ruwa ko jiƙaƙƙen cokali ya shiga, za ta yi makonni ba ta lalace ba. Ana shafa ta a burodi, ana dama ta cikin kunu ko koko na yara, ana sa ta a miya. Kada ku rena ta. Abincin nan na leda da ake ba yara masu tamowa a asibiti, wanda aka ƙirƙiro a Faransa a shekarar 1996, aka kuma ceci yara da yawa da shi a Maraɗi lokacin yunwar 2005, markaɗaɗɗiyar gyaɗa ce ginshiƙinsa, aka haɗa da garin madara, da sukari, da mai, da sinadaran ƙarin lafiya. Amma a lura, tamu ta gida ta tsare yaro ce daga ramewa. Yaron da ya riga ya rame ƙwarai, ko ƙafafunsa suka kumbura, asibiti za a kai shi ba da jinkiri ba.

Gyaɗa ma tana da nata hatsari, ba zan ɓoye muku ba. In ba ta bushe da kyau ba, ko aka ajiye ta a wuri mai laima, fumfuna takan kama ta. Wannan fumfuna tana barin dafi mai lalata hanta, mai hana yara girma, kuma suya ba ta kashe shi. Saboda haka a cire gyaɗa a kan kari, a shanya ta a kan tabarma ko tamfol har ta riƙa ƙara in an girgiza, a ɗora buhuna a kan katako. Kafin a soya, a zauna a tsince duk ƙwayar da ta yi baƙi, ko ta yamushe, ko ƙwaro ya huda. A zubar da su. Mugun hali ne a sayar da mai kyau a bar wa yaran gida tsintar. Kuma in yaro ya ci gyaɗa jikinsa ya yi borin jini, ko fuskarsa ta kumbura, a daina ba shi, a nemi ma'aikacin lafiya.

To, ga shawarata ga taro mai zuwa. Na ɗaya, kada a taɓa kuɗin asusu domin dashen fiya. Wanda yake da rijiyar da ba ta ƙafewa, yana kuma so ya gwada, ya sayi mai aure ɗaya ko biyu da kuɗin aljihunsa, ya kewaye su da shinge. In bayan shekara biyar sun yi 'ya'ya, ya kawo mana mu ci, ni ne zan fara ba shi haƙuri. Na biyu, gonar ikilisiya in itace ake so, ga mangwaro mai aure, ga gwaiba, ga zogale, duk mun san halinsu. Na uku, a sayi ingantaccen irin gyaɗa a raba wa 'yan ƙungiya bashi, su biya da kaka. Na huɗu, in kuɗi ya ragu, a fara tara na injin markaɗe wanda zumuntar mata za su riƙe. Su fara da ciyar da gida da yaran makarantar Lahadi. Ranar da aka yi niyyar sa ta a kwalba a kai kantuna, sai a nemi rajistar hukumar NAFDAC tukuna.

Ga uwar da ta kawo mana kwanon nan, Mama, mun gode, kin buɗe mana ido. In fiya ta shigo kasuwa ki sake yi mana. Baƙo ana yi masa maraba, a ba shi ruwa, a ji daɗin zuwansa, amma ba a danƙa masa mabuɗin rumbu.

Ku tattauna wannan a ƙungiyoyinku. Wanda ya dasa fiya a yankin nan ta yi masa 'ya'ya, ya rubuto wa edita, mu ma mu ƙaru. Allah ya ba mu hikimar riƙon abin da ya danƙa a hannunmu, ya sa albarka a gonakinmu. Amin.

Naku cikin hidima,
Malamin Gona, Paki