Wasan Tanis: Togo Na Da Ɗa A Sahun Gaba, Amma Tutar Ta Kanada Ce

A ƙarshen shekarar 2025, da hukumar ATP ta fitar da jerin gwanayen wasan tanis na duniya, wanda ya zo na 5 shi ne Félix Auger-Aliassime, matashin da mahaifinsa Sam Aliassime ɗan ƙasar Togo ne, malamin tanis da ya yi ƙaura zuwa Kanada. A wannan shekara yaron ya kai wasan kusa da na ƙarshe a gasar US Open ta Amurka, kamar yadda ya yi a 2021. Jama'a da dama a nan Lome sun yi murna, kuma murnar ba laifi ba ce. To amma tambayar da ya kamata mu yi ita ce: da a Djidjolé ko Agoè-Zongo aka haife shi, a nan kuma ya tashi, shin da ya kai inda ya kai?

Ba sai mun yi hasashe ba, domin kuwa muna da wanda ya bi hanyar daga gida. Komlavi Loglo, wanda aka haifa a 1984, ya daɗe yana riƙe wa Togo tuta a gasar Kofin Davis, kuma a 2008 ya je wasannin Olamfik na birnin Beijin, inda Kevin Anderson na Afirka ta Kudu ya fitar da shi a zagayen farko. A wasannin nan ne Benjamin Boukpeti ya samo wa Togo lambar yabo ta farko a tarihinta, a tseren kwale-kwale, shi ya sa sunan Loglo bai yi amo ba. Bayan nan Anderson ya ci gaba har ya kai wasan ƙarshe na US Open a 2017 da na Wimbledon a 2018, shi kuwa Loglo mafi girman matsayin da ya taka a duniya yana kusa da lamba ta 300.

Wannan lamba ta 300 tana da ma'ana, kuma ɗan kasuwa zai fi kowa saurin gane ta. Ɗan ƙwallon ƙafa irin su Emmanuel Adebayor ma'aikaci ne: kulob ke biyansa albashi, kulob ke biyan jirgi da masauki da likita, ko an ci ko ba a ci ba. Ɗan wasan tanis kuwa mai shagon kansa ne. Shi zai sayi tikitin jirgi, shi zai biya otal, shi zai biya mai horar da shi, shi zai sauya igiyar raket, kuma in aka doke shi ran Litinin, to cinikin wannan mako ya tashi ke nan. Makin da ya tara ma ba ya ajiyuwa, bayan mako 52 sai ya zube, don haka wanda ya zauna gida saboda rauni ko rashin kuɗin tafiya, matsayinsa zai yi ta zamewa kamar hajar da ke lalacewa a sito.

Wani bincike da hukumar tanis ta duniya ITF ta yi a kan shekarar 2013 ya nuna cewa a cikin maza, sai wanda ya kai wajen lamba ta 336 ne abin da ya samu ke biyan abin da ya kashe, kuma wannan lissafi ba a sa kuɗin mai horarwa a ciki ba. Sama da kashi 40 cikin 100 na waɗanda suka shiga gasa a shekarar ba su sami ko sisi ba. Ke nan gwanin Togo, a lokacin da ya fi ƙarfi, a bakin mayar da uwar kuɗi kawai ya tsaya.

Riba tana can sama. A US Open ta 2025, wanda aka fitar a zagayen farko ma ya tashi da dalar Amurka 110,000, wato sama da sefa miliyan 60, zakara kuwa dala miliyan 5. Amma gurbi 128 ne kacal, kuma galibinsu na waɗanda ke cikin 100 na farko ne. A ƙasan tsani, a ƙananan gasannin da ake kira M15, dala 15,000 ce gaba ɗaya ake raba wa dukkan 'yan wasa a 2024, wanda ya lashe ba ya wuce dala 2,000 da 'yan kai. Tsakanin ƙasa da sama akwai shekaru na kashewa ba samu. Hausawa sun ce sai da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Wa ke zuba wannan ruwan cikin? In mai karatu ya duba tarihin duk ɗan yankinmu da ya yi suna a wannan wasa, zai tarar akwai wanda ya ɗauki nauyinsa. Yannick Noah yana yaro ɗan shekara 11 a Yawunde lokacin da Arthur Ashe ya gan shi a 1971, aka kai shi Faransa, kuma da ya ci gasar Roland Garros a 1983, wa Faransa ya ci. Nduka Odizor na Nijeriya, wanda ya fara da tsintar ƙwallo a Legas, wani malamin jami'ar Houston ne ya kai shi Amurka karatu, daga nan ya kai zagaye na 4 a Wimbledon a 1983. Frances Tiafoe, ɗan 'yan Saliyo, ya tashi ne a cibiyar tanis ta jihar Maryland inda mahaifinsa ke aikin kula da wurin, kuma wa Amurka yake buga wasa. Shi ma Félix, wanda aka haifa a Montreal a 2000, hukumar tanis ta Kanada ce ta ɗauke shi cibiyarta tun yana ɗan shekara 14. Ya kai wasan ƙarshe sau 8 yana faɗuwa kafin ya ɗauki kofinsa na farko a Rotterdam a 2022, kuma a ƙarshen shekarar ya taimaka wa Kanada ta doke Ostareliya ta ɗauki Kofin Davis. Wanda ya zuba jari shi ke kwasar riba, shi ke ɗaga tuta.

Sai dai ba kullum ne jarin ke fitowa daga gwamnati ko wani babban attajiri ba. A ita Ostareliyar akwai darasi. Evonne Goolagong, 'yar asalin mutanen ƙasar ta farko, an haife ta a 1951, mahaifinta aikin askin tumaki yake yi a wani ƙaramin gari mai suna Barellan. Wani mazaunin garin ne ya gan ta tana leƙen fili ta bayan shinge ya kira ta ciki, mutanen garin kuma suka tallafa mata har ta tafi Sidni tana 'yar shekara 14. Ta ci manyan gasanni 7, ciki har da Wimbledon a 1971 da kuma a 1980 bayan ta zama uwa. Garin bai kai yawan mutanen da ke cin kasuwar Asigame a rana guda ba.

Mene ne namu a ciki? Da farko, kada wani uba ya ji labarin miliyoyi ya cire ɗansa daga makaranta ko daga shago. Abin da wasan ke iya ba yaron talaka a zahiri shi ne gurbin karatu kyauta a jami'a, kamar yadda Odizor ya samu, ko sana'ar koyarwa, irin wadda ta riƙe Sam Aliassime. Shi kansa Félix, taimakon da ya fara aiko wa Togo a 2020 ga ilimi ya karkata: dala 5 a kan kowane maki da ya ci, bankin BNP Paribas na ƙara dala 15, ana kashewa a kan yaran yankin Kara ta hannun ƙungiyar CARE.

Na biyu, abin da ya fi cinye kuɗin ɗan wasanmu shi ne nisa: biza, jirgi, otal a Turai. Alhali kuwa daga Akara zuwa Lome zuwa Kwatano zuwa Legas hanya guda ce, wadda 'yan kasuwarmu ke bi kullum ta Aflawo da Hilakonji da Seme, ba tare da biza ba. Da garuruwan nan za su jera ƙananan gasanni mako bayan mako, da yaro zai tara maki da kuɗin mota. Ba baƙon abu ba ne a yankin, domin a 1976 Arthur Ashe da kansa yana buga gasa a Legas a makon da aka kashe Janar Murtala Muhammed, a Kano kuma gasar Dala Hard Court ta shafe shekaru da dama ana yin ta. Dala 15,000 ba ta kai sefa miliyan 10 ba, kuɗin da ƙungiyar 'yan kasuwa guda za ta iya haɗawa in ta ga dama, ta kuma sa sunanta a jikin allo.

Hukumar tanis ta Togo da ma'aikatar wasanni na da nasu alhakin, musamman wajen samar da fili a unguwannin talakawa, tunda yaro ba ya son abin da bai taɓa gani ba. Amma hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Muddin ba a samu masu zuba jari daga gida ba, za mu ci gaba da tafa wa 'ya'yanmu a talabijin, ana buga musu taken wata ƙasa.