Kada, Ƙadangare Da Kaza: Wa Ya Fi Kusa Da Wa?

Yau za mu ajiye batun girki da raino mu ɗan leƙa jakar makarantar yara, inda ake samun hotunan nan na manyan dabbobin da suka shuɗe, masu haƙora zaƙo-zaƙo. Yaro zai kawo miki ya ce, "Umma, mene ne wannan?" Amsar da aka saba ba shi ita ce dodo ne, ko kuma zanen Turawa ne kawai, maza tashi ka ba ni wuri. Alhali ɗaya daga cikin mafi shaharar waɗannan dabbobi a maƙwabtanmu aka tono shi, a Jamhuriyar Nijar.

Wurin sunansa Gadoufaoua, cikin hamadar Tenere, kudu maso gabas da Agadas. A 1964 wasu Faransawa masu neman ma'adinai suka ci karo da wani ƙoƙon kai a can, aka kai shi Faris. A 1966 masana biyu suka raɗa masa suna Sarcosuchus imperator, wato kada mai cin nama, sarki. Ɗaya daga cikinsu mace ce, France de Broin, ɗayan kuma Philippe Taquet. Wannan ki gaya wa 'yan matanki. Daga baya, a 1997 da 2000, wani Ba'amurke mai suna Paul Sereno ya kai ayari wurin, suka samo ƙarin ƙasusuwa masu yawa.

Kansa kaɗai ya kai mita 1.6, kusan tsayin mace baliga ke nan, da haƙora 132. Sereno ya ƙiyasta tsawon jikinsa mita 11 zuwa 12, nauyinsa tan 8. A 2019 wasu masanan suka sake lissafi suka rage masa, suka ce mita 9 da ɗoriya, nauyi kuma wajen tan 4. Ko a hakan ai kin ga buhun shinkafa 80 ke nan a jikin dabba guda. Masana sun ce ya rayu kimanin shekara miliyan 110 da suka wuce, lokacin da wannan busasshiyar hamada take cike da koguna da kifi. An kuma samu ɗan'uwansa a Brazil, domin a wancan zamani Afirka da Kudancin Amurka ba su gama rabuwa ba.

To, kada ne? A ido kada ne sak, amma Hausawa sun ce kama da wane ba ta wane. Masu wannan ilimi ba sa raba dabbobi da kamannin fuska. Ƙashi suke bi gaɓa-gaɓa, kamar yadda tsohuwa ke warware miki dangantaka a gidan biki, wane ɗan wane, wance jikar wance. Gaɓoɓin ƙashin bayan kadojin yau suna shiga juna kamar turmi da taɓarya, ɗaya da rami ɗaya da kai. Na Sarcosuchus ba haka suke ba. Da wannan da wasu alamu na ƙoƙon kai aka sa shi a wani gida daban mai suna Pholidosauridae. Shi da kadanmu kaka ɗaya suka haɗa can sama, amma ba shi ya haifi kadanmu ba, zuriyarsa ta ƙare.

Ba kuma dainoso ba ne, duk da yara kan kira kowace ƙatuwar dabbar da da wannan suna. Abin dariyar shi ne a wannan yanki na Tenere aka tono wani dainoso na gaske mai dogon baki irin na kada, har a 1998 aka sa masa suna Suchomimus, ma'ana mai kwaikwayon kada. Bakinsa na kada, amma ƙugunsa da ƙafafunsa sun tona masa asiri.

Tun can asali gidan ya rabu biyu ne. Ɓangare ɗaya ya ba da kadoji da danginsu da suka shuɗe, ɗayan ya ba da dainoso, kuma a binciken masana daga cikin dainoso tsuntsaye suka fito. Saboda haka a duk dabbobin da ke raye yau, tsuntsu ne mafi kusa da kada. Kazar da ke tsakar gidanki ta fi ƙadangaren da ke kan katangarki kusanci da shi, ko da yake sunan kada da na ƙadangare sun so su yi kama a baki. Kada ma yana da zuciya mai ɗaki huɗu kamar tsuntsu, uwa kuma tana gadin ƙwanta har ta kai 'ya'yan ruwa.

Mu ma a Nijeriya muna da rabonmu, a ƙasar Sakkwato. Akwai Sokotosuchus, dangin kada mai dogon baki, wanda aka sa wa suna a 1975. Akwai kuma Goronyosaurus, da ya ci sunan Goronyo a 1972. Shi wannan ma kansa ya yi kama da na kada, amma asalinsa daga gidan su guza da damo ne, sai dai a teku ya zauna. I, teku a Sakkwato! Dutsen farar ƙasar da ake yin siminti da shi a Kalambaina ragowar wani tsohon teku ne da ya taɓa rufe yankin.

Yaro mai wayo zai ce to mu a Dutse fa, ga duwatsu ko'ina, me ya sa ba a tono komai ba? Amsar tana da sauƙi. Duwatsun da suka kewaye Garu, da na Birnin Kudu, narkakken dutse ne da ya huce ya daskare, kuma ƙashi ba ya tsira a irin wannan zafi. Sai inda laka da yashi suka binne dabba a hankali, suka taurare a kanta, ake samun ƙashinta. Abin da duwatsunmu suka adana shi ne zanen shanun da mutanen da suka yi a Birnin Kudu, wanda shekarunsa ba su kai ko ƙwayar gero ba in an gwada da na Sarcosuchus.

Abin da ke damuna shi ne yaronmu ya iya sunayen dabbobin da aka tono a Amurka daga katun, bai taɓa jin Gadoufaoua ko Goronyosaurus ba. Ba sai kin yi digiri ba. Ranar da aka yanka kaza, kafin ki ƙona ƙafar ki nuna masa ɓawon da ke jikinta, ki ce ya kwatanta da hoton fatar kada. In kuma tafiya ta kai ku Yamai, a gidan tarihi na Boubou Hama akwai ƙwarangwal ɗin Sarcosuchus, sai ki sa yara su auna tsawonsa da taku.