Limami da Ɗan Caca a Filin Wasa Guda

Iyaye da malamai na Tozai da kewayen Illela sukan yi jayayya a kan wasannin samari: a hana su, ko a ƙyale su? Labarin wani Bature, John Hartley, ya isa abin lura a wannan mas'ala.

An haifi Hartley a 1849. Limamin coci ne a ƙauyen Burneston, cikin lardin Yorkshire na ƙasar Ingila. Yana buga tanis, wato wasan da mutum biyu suke bugun ƙaramar ƙwallo ta bisa raga.

A 1879 ya shiga gasar Wimbledon, bai zaci zai yi nisa ba, saboda haka bai naɗa na'ibi ba. Sai ga shi yana ta cinyewa har Asabar, Lahadi kuwa ranar ibadarsu ce. Mutumin nan bai tsaya neman uzuri ba. Ya hau jirgin ƙasa ya koma Yorkshire, ya ja wa jama'arsa ibada, ran Litinin ya komo Landan ya shiga fili, ya ci. A wasan ƙarshe ya kayar da wani mutumin Ailan, Vere Goold, ya ɗauki kofi. Ya sāke ɗauka a 1880. A 1881 William Renshaw ya kayar da shi cikin minti 37, ya koma kan aikinsa. Ya rasu a 1935, yana da shekara 86.

Shi kuwa Goold, giya da caca suka cinye shi. A 1907, a Monte Carlo, garin caca, shi da matarsa suka ci bashi wurin wata bazawara. Da ta zo bin kuɗinta aka kashe ta, aka sa gawar cikin akwati. Aka kama su a Marseille. Goold ya mutu a 1909 a kurkukun Faransawa na Giyana, cikin Amurka ta Kudu.

To, fili guda suka taka, ƙwallo guda suka buga, amma dubi yadda ƙarshensu ya saɓa. Wannan ya ajiye wasa a bayan wajibinsa, wancan ya bar sha'awa ta riƙe masa linzami.

Don haka malami ya fi kyau ya auna yaro da abu biyu: in an kira salla ko lokacin karatu ya yi, yana barin fili? Kuɗi kuma suna shiga tsakani? Falke ma ya lura da yaron shagonsa, gama cacar ƙwallo ta waya tana cin jari ba a ji ƙararta ba. In biyun nan sun tsira, a bar yaro ya motsa jini. In sun ɓaci, a tsawata tun ice yana ɗanye.

Allah Ya shirya mana zuriya, amin.