Duniyar Da Taurarinta Ke Jan Zaren Launi

Akwai masu ganin cewa duk labarin da aka ƙaga a kan sararin samaniya tatsuniya ce kawai, ta Gizo da Ƙoƙi, wadda babban mutum ba ya ɓata lokacinsa a kanta. To, wannan magana ba yau aka fara ta ba, domin tun lokacin da Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya cikin 1969 ake ajiye irin waɗannan littattafai a kason yara. Amma akwai wani labari da ya isa ya sa masu wannan ra'ayi su sake tunani.

Wani marubuci ɗan ƙasar Ostareliya mai suna Greg Egan, wanda ya yi karatun lissafi, ya rubuta littattafai uku a jere tsakanin 2011 da 2013, na farkonsu shi ne The Clockwork Rocket. Abin da ya yi kuwa ƙarami ne a ido. Ya ɗauki lissafin da masana ke amfani da shi wajen haɗa lokaci da nisa, ya sauya alama guda tak, watau ta ɗebewa ta koma ta tarawa, sa'an nan ya zauna ya bi diddigin abin da zai faru ga duniyar da aka gina a kan haka. Abu na farko da ya rushe shi ne saurin haske.

A tamu duniyar haske yana tafiyar kilomita kusan 300,000 cikin sakan guda, kuma a sararin da babu komi, ja da kore da shuɗi duk tare suke tafiya, babu mai rigan wani. A duniyar Egan kowane launi da nasa saurin. Shunayya ce a gaba, ja kuwa shi ne kurar baya. Saboda haka idan mutanen can suka ɗaga kai da dare, ba ɗigon haske suke gani ba kamar yadda aka saba, sai dai kowane tauraro ya ja zare mai launin bakan gizo.

Dalilin haka yana da daɗin bi. A ɗauka madugu ne yake tafe da ayari, ya aiko gida da manzanni uku: mai tafiya a ƙasa tun daga zangon farko, mai jaki daga zango na tsakiya, mai doki daga zangon jiya, kuma duk ukun suka iso ƙofar gari rana ɗaya. Kowannensu gaskiya zai faɗi game da inda ya baro ayarin, amma labarin mai tafiya a ƙasa ya tsufa. Haka jan hasken da ya shiga idon mai kallo a daren yau ya daɗe da baro tauraron, yana nuna inda yake a da, alhali shunayya tana nuna inda ya kai daga baya. Zaren nan ke nan tarihin tafiyar tauraron ne shimfiɗe a sama, wanda ya iya karanta launi ya karanta lokaci, kuma tsawon zaren yana gaya masa saurin gudun tauraron.

Daga nan ne jarumar labarin, Yalda, ta gano dokokin duniyarsu, har ta fahimci cewa wasu abubuwa masu tsananin gudu da ke ratsa samaniyarsu za su iya hallaka su. Mafitar da suka samu ita ce su mai da dutse sukutum ya zama roka, zuriya bayan zuriya su yi ta bincike a cikinsa, alhali a gida shekara 4 kacal za ta wuce. Wannan kishiyar abin da ilmin Einstein ya nuna ne a tamu duniyar, inda matafiyi mai tsananin sauri shi ke dawowa da ƙuruciyarsa. Gaskiya littafin yana da nauyi, cike yake da zane-zanen lissafi, kuma a wasu wurare labarin yakan tsaya cik kamar an shiga aji.

Sai dai tambayar da aka gina shi a kanta ba wasa ba ce, manyan masana sun yi ta da gaske. Cikin 1691 Isaac Newton ya roƙi John Flamsteed, mai duban taurari na sarkin Ingila, ya lura ko watannin Mushtari suna sauya launi a daidai lokacin da suke shiga inuwa. Hasken can yana ɗaukar fiye da rabin awa kafin ya iso nan, saboda haka da a ce wani launi yana nawa, da shi za a gani a ƙarshe. Flamsteed bai ga wani sauyi ba.

A cikin gilashi da ruwa kam launuka suna rabuwa, ja ya fi shunayya sauri, abin da ke haifar da bakan gizo bayan ruwan sama. Har ila yau akwai taurarin nan masu bugun igiyar rediyo da Jocelyn Bell ta gano cikin 1967. Saƙonsu yana ratsa siririyar iskar da ke tsakanin taurari, gajerun igiyoyi su riga dogaye isowa, daidai da jerin da Egan ya ƙaga. Masana suna auna wannan ɗan jinkiri, da shi suke ƙiyasta nisan tauraron.