Matar Da Ke Aron Bakin Mutane

Yau zan ɗan ajiye zancen soyayya in kai ku Amurka, wajen wata 'yar wasan daɓe baƙar fata mai suna Anna Deavere Smith, haifaffiyar garin Baltimore a 1950.

Ita dai wannan baiwar Allah ba ta ƙaga labari. Rakoda take ɗauka ta bi mutane har gida ta ɗauki maganarsu, sai ta haddace ta kamar yadda suka faɗa, har da in'ina da shirun da mutum kan yi in kuka ya zo masa. Sannan ta hau dandamali ita kaɗai, yawanci ko takalmi babu, ta riƙa rikiɗa daga wannan zuwa wancan.

A watan Agusta na 1991, a unguwar Crown Heights ta birnin New York, wata mota daga ayarin shugaban Yahudawa ta take wani yaro baƙar fata ɗan shekara 7, ya mutu. A daren nan aka daɓa wa wani ɗalibi Bayahude wuƙa, shi ma ya ce ga garinku nan. Unguwa ta rincaɓe har kwana 3. Anna ta shiga ta saurari kowane ɓangare, a 1992 ta fito da wasanta Fires in the Mirror, inda ta kwaikwayi mutum 26. Abin mamaki, a cikinsu har da mahaifin yaron da kuma yayan ɗalibin, duk daga bakin mace ɗaya.

Haka ta yi a 1993 kan tarzomar Los Angeles ta 1992, wadda ta ci rayuka sama da 60. Daga baya aikin ya mayar da ita garinsu Baltimore, ta yi Notes from the Field kan yaran talakawa da ake kora daga makaranta su ƙare a kurkuku.

To 'yan uwana marubuta, ga inda nake so mu tsaya. Sau nawa wata ke kawo mana labarin gidanta muna rubutawa? Sai mu mai da kishiyar mayya, uwar mijin azzaluma, alhali ko sau ɗaya ba mu ji ta bakinsu ba. Ai mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kishiyar nan ma tana da nata kukan. Wallahi labarin mutum amana ne, in kika murɗa shi don littafi ya yi kasuwa, kina iya kashe auren da ba ki san zafinsa ba.

Kafin ki ɗauki biro, ki je ki ji ta bakin wadda za ki ɓata. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu.

Taku har kullum.