Ibro Ya Cire Hularsa, Kai Fa?



Bayan zumunta ta makon jiya wani ɗan'uwa ya ce duk 'yan fim maƙaryata ne, kada mai bi ya kalle su. Ban yarda ba, kuma ga dalilina.

Marigayi Rabilu Musa, wanda ya rasu a Disamba 2014, ya shekara da shekaru yana fitowa a matsayin Ibro, har mutane da yawa ba su san sunansa na yanka ba. Haka Ɗan'azumi Baba ya zama Kamaye saboda shirin Daɗin Kowa na Arewa24. Amma wa suka yaudara? Kowa ya san wasa ne. In an gama ɗauka, ɗan wasa ya tuɓe kayan wasa ya koma gidansa. Mu ma muna sa yaro ya fito a matsayin Hirudus a wasan Kirsimeti, ba wanda ya taɓa kiransa mai kisa.

Matsalar tana farawa ne lokacin da wasan ya bar fim ya shiga waya, aka ce mana wannan ita ce rayuwar mutum ta gaskiya. Ku tuna Oktoba 2025 a Kano. 'Yan TikTok biyu, Mai Wushirya da 'Yar Guda, sun yi ta sakin bidiyo kamar masoya. Kotun majistare ta umarci Hisba ta ɗaura musu aure cikin kwana 60. Daga baya aka fasa, bayan da saurayin ya ce soyayyar ba ta gaskiya ba ce. Ba na goyon bayan a tilasta wa kowa aure. Amma ku duba: fuskar aro ta kusa zama igiyar aure.

Mu mutanen Dawakin Tofa mun san wannan a kasuwar Dawanau. Wanda ya zuba tsabar gero a bakin buhu, ya cika gindinsa da ƙaiƙayi, algus ya yi. Mai sayar da ƙaiƙayi da sunan ƙaiƙayi kuwa ba shi da laifi. Ɗan fim na biyun ne. Mai fuskar aro a waya na farkon ne.

To, kafin mu nuna wa kowa yatsa, mu buɗe namu buhun. Kalmar Helenanci da aka fassara "munafuki" a Matiyu sura 23, asalinta ɗan wasan dandali ne mai rufe fuska. Kuma ba 'yan wasa Ubangiji ya kira da ita ba, masu addini ne. Wane ne kai a Facebook ranar Lahadi, da Littafi Mai Tsarki a hannu? Wane ne kai a WhatsApp da tsakar dare? 'Yar'uwa, wayar aro da motar da kika jingina a jikinta don hoto, ƙanwarki tana gani tana raina gonar babanku. Ni ma na taɓa saka hoton addu'ar asuba a ranar da ban yi addu'a ba. Mutum 40 suka ce "Amin", ni kuwa kunya ta hana ni barci.

Kuma mu ne muke ciyar da wannan sana'a. Duk dannawa da turawa kuɗi ne ga mai fuskar aro.

A wannan mako, kowa ya duba shafinsa. Abin da mahaifiyarka ba za ta gane ka a ciki ba, goge shi. Ubangiji ya ba mu fuska ɗaya, a gida da waje. Amin.