Orka na bukatar abinci da kwanciyar hankali

Orka babbar dabba ce ta teku, baƙa da fari. Ko da yake kamar kifi take, numfashi take yi da iska, tana haihuwa, tana shayar da ɗiyanta. Ciki guda yakan kai wata 17, don haka garkenta ba ya yaɗuwa da sauri.

Akwai wani garke da ke zaune a gaɓar tekun Pasifik, tsakanin jihar Washinton ta Amurka da ƙasar Kanada. A shekarar 1970, a mashigin Penn Cove, mafarauta suka yi ma garken ƙawanya, suka kwashe ƙanana 7 don sayar ma gidajen wasa. Ɗaya daga cikinsu, Lolita, ta mutu a Mayami a 2023, bayan shekara 53 cikin tsare. An bar kamun a jihar tun 1976, amma garken bai murmure ba: daga 98 a 1995 ya koma 73 a ƙidayar 2024.

Dalili na farko yunwa ce. Babban abincinsu wani kifi ne da ake kira salmon, wanda madatsun ruwa suka tare ma hanyar zuwa wuraren da yake zuba ƙwai. Na biyu, ƙarar injin jiragen ruwa. Orka da sauti take farauta: tana jefa murya, amsar da ta dawo ta nuna mata inda kifi yake. In jiragen ƴan kallo sun kewaye ta, sai amsar ta ɓace cikin hayaniya.

Saboda haka dokar da jihar Washinton ta fara aiki da ita a Janairun 2025, wadda ta hana jirgi kusantar garken da abin da bai kai yadi 1,000 ba, daidai ce. Masu jiragen yawon buɗe ido na iya cewa an taɓa masu hanyar abinci. Amma ranar da garken ya ƙare, sana'arsu ma ta ƙare.

Sai dai nisantar da jirage ba ya cika ma dabba ciki. Wajibi ne hukumomin ƙasashen biyu su gyara koguna, su rage kamun salmon, tun garken na da matan da ke iya haihuwa. Ba a fafe gora ranar tafiya.